Furen da Ba Ya Son Taki

Tun ranar da tsoho Toktosun ya sayar da garkensa ya sauko daga tsaunuka, Begimai matar ɗansa ba ta sake samun kwanciyar hankali ba. Mutumin da ya shekara arba'in yana ciyar da tumaki ba zai iya zama hannu rabbana ba, sai ya sami abin da zai ɗura wa abinci. Ya gwada jikoki suka gudu, ya gwada kare har ya daina haushi don ƙiba. Daga nan idonsa ya faɗa kan furannin Begimai.

Ekinasiya ce, gindi tara, wadda take fitar da fure ruwan hoda mai kai kamar bayan bushiya. Daga lambun marigayiya mahaifiyarta a garin Karakol ta tono su, kafin a sayar da gidan a zuba wa filin siminti. Duk duniya ba ta da sauran wani abu na gidansu sai su. Kuma shuka ce mai halin talaka, ƙasa mai tsakuwa take so da rana, ruwa jefi-jefi. In ka cika mata taki, sai ta yi ganye kamar kabeji ta kwanta, saiwar ta ruɓe.

To, wa zai gaya wa tsoho? Shekara shida da aurenta, ko sunansa Begimai ba ta taɓa faɗa ba, balle ta ce masa ya yi kuskure. Tana ji tana gani yake turo baro cike da kashin tumaki, ya jibga, ya bi da ruwa bokiti-bokiti, yana yi musu magana.

"Ku ci, bayin Allah, ku ci! A gidana ba a ramewa."

Takaici kamar ya kashe ta. Sai ta ɓullo da dabara: da ya kwanta bayan abincin rana, ta ɗauki shebur ta kwashe takin ta kai wa dankali. Da yamma ya fito ya tsaya a kan shukokin, baki buɗe.

"'Yata, zo ki gani! Sun cinye tas! Ashe yunwa ce ke cinsu haka?"

Washegari baro biyu ya kawo.

Ta tare mijinta Ermek a kicin. "Don girman Allah ka je ka yi wa Ata, mahaifinka, magana. Huɗu sun mutu, ka ji warin gindinsu kuwa?"

"Haba, a kan fure? Ki bar tsoho ya motsa jini mana."

"Ya motsa a kan dankali! Kai dai je ka."

Ya fita da ƙarfinsa. Ta leƙa ta taga bayan minti goma, sai ga Ermek riƙe da baro, uban yana nuna masa inda zai juye. Ranar shayi ba madara ta ba Ermek ya sha, kuma bai tambayi dalili ba.

Kafin tuffa ta nuna, saura gindi ɗaya. Begimai ta tone shi ta kai bayan ɗakin wanka, cikin tsakuwar da ko kaji ba sa tona. Mako uku yana shawara da mutuwa, sannan ya miƙe, siriri, ya fitar da kan fure guda. Da ta gani sai da ta yi hawaye don murna.

Murnar ba ta kwana biyu ba. Tana shanya da hantsi ta hango farar hular tsoho ta nufi bayan ɗakin wanka, da bokiti a hannunsa. Ta yar da rigar da ke hannunta ta bi shi da gudu. Ta same shi ya riga ya karkata bokitin.

"Ata, kada ku zuba!"

Ita kanta sai da ta tsorata da muryarta. Tsoho ya juyo yana dubanta kamar bai taɓa ganinta ba.

"Dubi yadda ya rame, 'yata. Wani marar imani ya jefar da shi nan."

"Ni ce. Ɓoye shi na yi." Sannan ta ci gaba. "Ba ya son taki, Ata. Takin ne ya kashe sauran. Na mahaifiyata ne, shi kaɗai ya rage mini."

Ya dubi bokitin, ya dubi furen.

"Wato ni na kashe su?"

Ta sunkuyar da kai.

"Wata uku ina kashe miki su, ke kuma kina zuba mini shayi kina cewa sannu da aiki?"

"Ban iya faɗa ba, Ata."

Ya ajiye bokitin a hankali, ya goge hannu a wandonsa. Begimai ta ga yadda ya tsufa a tsaye, sai tausayinsa ya danne duk haushin da ta tara.

"Ko ɗan ruwa?" ya ce, murya ƙasa-ƙasa.

"Ko ruwa, Ata."

Ya gyaɗa kai. Ya jawo wani guntun katako ya zauna kusa da furen, ya cusa hannayensa biyu ƙarƙashin cinyoyinsa.