Hannun Malam Ramalan

A shekarar 2003 Uzairu ya dawo Rano daga Kano da kyamarar aro, ya ce zai yi fim na minti tara, ba waƙa, ba jarumi, ba ma magana. Ranar kasuwa ya je Kibiya ya kafa ta daidai tsayin ƙugu, yadda hannaye kawai za ta ɗauka. Wanda ya sa a gaba shi ne Datti mai gadin kekuna da babura, wanda kuturta ta cinye wa yatsu tun yana saurayi, ya kuma warke shekara ashirin ke nan.

Malam Ramalan ne ya karantar da Uzairu Alƙur'ani, don haka shi aka fara kawo wa kaset ɗin ya sa albarka. Bayan la'asar suka zauna a zaure da maƙwabta biyar, aka tayar da janareta.

Hannaye suka yi ta wucewa. Wannan ya nuna wa Datti kekensa daga nesa, wancan ya fizge ɗansa gefe. Malam yana girgiza kai, har ya fara jawo hadisi kan girman kai. Sai ga wani hannu ya kama dungulmin Datti, aka gaisa da kyau. Hannun ya koma gefen riga, ya goge sau uku. Fuska ba ta fito ba, amma zoben azurfa mai jan dutse ya fito, kuma kowa a zauren ya san na Malam ne. Hadisin ya maƙale. Ba wanda ya ɗaga ido.

Da aka watse Malam ya roƙi Uzairu ya yanke wurin. Uzairu ya sunkuyar da kai, ya ce ya yi wa Datti alkawarin ba zai cire komai ba sai da yardarsa.

Washegari Malam ya hau acaɓa zuwa Kibiya. Ya tarar da Datti a ƙofar gida, suka daɗe suna zancen damina kafin ya iya faɗin abin da ya kawo shi.

"A cire mana, Malam," in ji Datti. "Ai shekara da shekaru ina ganin kana gogewa, ban taɓa ƙullatar ka ba. Kai ko hannun kana bayarwa."

Malam ya yi masa sallama. Ya koma Rano ya ce wa Uzairu ya bar fim ɗin yadda yake. Kwana uku yana aika wa ɗalibansa cewa ba ya jin daɗi.