Ranar Da Na Bar Makirfo A Buɗe

Tun da ɓarin jikin Baba ya shanye, duniyata ta koma ɗaki biyu da banɗaki. Ni ne auta, ni ne marar mata, don haka da yayyena suka zauna shawara ba a daɗe ba aka tashi. Na naɗe teburina na gyaran waya, na kwaso kayana na dawo gida. Yaya Babba yana leƙowa ƙarshen mako da ledar ayaba, ya tsaya daga bakin ƙofa yana shan numfashi ta baki, ya ce, "Auta, sannu da ƙoƙari." Maƙwabta sannu, mai kantin magani sannu. Har mai kawo ruwa, da ya sauke jarka sai ya karkace kai ya ce sannu. Wallahi na tsani kalmar nan, don duk wanda ya faɗe ta juyawa yake ya yi tafiyarsa, ni kuma in koma ciki.

Wuri ɗaya ne ba a tausaya mini, cikin wasan waya. Mu huɗu ake jefowa daga jirgi kan wani tsibiri, mu tsinci bindigogi, mu yi ta fafatawa da wasu har tawaga ɗaya ta rage. Ban taɓa ganin fuskar kowa a cikinsu ba, murya kawai na sani. Mai Walda ne shugaba, yana hawa idan an ɗauke wuta a shagonsa. Ɗan Tasi a layin jiran fasinja yake wasa, kana jin hon ta bayansa. Sai Nas, wadda ke saukowa daga aikin safe a asibiti da bakin nan nata kamar reza. Ni Ƙusa suke ce mini, saboda in na maƙale a lungu ba mai iya ciro ni.

Muna da wata al'ada tamu. Duk wanda aka fara kashewa, sauran za su yi ta yi masa yabon gawa har a gama zagayen, kuma ba shi da ikon toshe kunne. Nas ce gwanar abin.

"Allah sarki Ƙusa," haka take farawa, da muryar kuka. "Mutumin kirki. Ya rayu bai cuci kowa ba, har abokan gaba."

Ɗan Tasi ya karɓa, "Ya bar mana gadon bindiga sabuwa fil, bishiya kaɗai ta san zafinta."

Ni kuma in danne baki da filo ina dariya har hawaye. In nasu ya zo, ba na raga wa kowa. A can ni ba ɗan albarka ba ne, ba abin misali ba ne. Wani sakarai ne kawai da bai iya saiti ba, kuma abin da nake so ke nan.

Baba yana barci ne bayan maganin rana. Sai in zauna a ƙasa, a bakin ƙofar da ke tsakanin ɗakunan, iyafis mai igiya a kunne ɗaya, ɗaya kunnen na bar wa Baba. Da na ji ya motsa sai in kashe makirfo in koma rubutu. Sun lura da haka, suka yi ta zarge-zarge. Ɗan Tasi ya rantse mata gare ni mai zafi, a ƙarƙashin gado nake wasa. Mai Walda ya ce a'a, ofis ne, ina satar lokacin oga. Na bar su da zatonsu.

A saman allon wasan akwai maɓallai biyu kusa da juna, ƙanana kamar ƙwayar magani. Ɗaya na makirfo ne, ya hana su jin ka. Ɗaya na lasifika, ya hana ka jin su. Ni da na shekara da shekaru ina kwance waya ina ɗaurawa, ni ne na rikita su.

Ran nan muna tsakiyar fafatawa, Nas tana yi wa Mai Walda tsiya ina ƙyalƙyata dariya, sai na ji wani abu ya faɗi a ɗakin Baba, mai nauyi. Na danna maɓalli ban duba ba. Muryoyinsu suka ɗauke ɗif, na ɗauka shi ke nan. Na zare iyafis na bar igiyar a wuyana, na jefa wayar aljihu. Makirfon kuwa a jikin igiyar yake, daidai ƙasan haɓata.

Na tarar da Baba a ƙasa, ya maƙale tsakanin gado da bango. Ya yi ƙoƙarin zuwa banɗaki da kansa ne, bai kai ba. Ya ɓata wandonsa, ya ɓata zanin gado, har bango. Tsoro ya sa na yi masa tsawa.

"Baba, me ya sa ba ka kira ni ba? Ina ce ga ƙararrawa nan kusa da hannunka?"

Bakinsa ya karkace tun da ciwon ya same shi, magana da ƙyar take fita. "Na ji kana dariya," in ji shi. "Ban so in katse ka ba."

Na zura hannu ta hammatarsa na ɗago shi, yana ta faɗin kar in kalle shi. Mutumin da a da in ya yi gyaran murya a ƙofa muke nutsuwa, shi ne yake kuka a kafaɗata. Na kawo baho da ruwan ɗumi, na tuɓe shi, na wanke shi, ina cewa ɗaga wannan, juya can, saura kaɗan. Ya ce ya ɗaure ni a gida, ya ce gara Allah ya ɗauke shi in huta. Na ce ya daina, ya ƙi dainawa. Sai ni ma na fashe da kuka, na ce masa na gaji, wallahi na gaji, amma ba da shi ba. Na canza ledar katifa, na shimfiɗa wani zanin, na sa masa ƙunzugu, na zauna riƙe da hannunsa har barci ya sake ɗaukarsa.

Da na ciro wayar ta yi zafi. Alamar lasifika ce a soke. Ta makirfo tana nan a kunne.

A wurin rubutu na ga saƙonninsu a jere. Mai Walda ya rubuta, "Ƙusa, makirfonka." Ɗan Tasi ya rubuta, "Muna jin ka fa, kashe." Ya sake rubutawa, ya sake. Can ƙasa Nas ta ce, "Ku mu fita." Sun fita ɗin, amma ban san a wace gaɓa ba. Na ƙarshe na Mai Walda ne: "Sannu, ɗan'uwa." Na ji kamar an tuɓe ni a tsakiyar titi.

Washegari na hau da ƙarfina, ina ta surutu kamar ba abin da ya faru. Ɗan Tasi ne ya fara, a hankali: "Ya mai jiki?" Na ce da sauƙi, mu shiga. Kafin jirgi ya tashi Nas ta sako wata murya da ban san ta da ita ba, muryar asibiti. Wai ina juya Baba akai-akai? In riƙa duba ƙugunsa da diddigensa kada su yi gyambo. Na ce na sani. Da muka sauka tsibirin, Mai Walda ya tsinci rigar sulke mafi kyau, ya zo ya ajiye a gabana, shi da ko harsashi ɗaya ba ya ba mutum sai an roƙe shi.

Aka kashe ni farko. Na jira. Ba abin da nake ji sai hon ɗin motoci ta wajen Ɗan Tasi.

"To?" na ce. "Gawa tana jira."

"Haba Ƙusa," in ji Nas. "Ba daɗin ji yanzu."

"Da can daɗin ji gare shi?"

Ɗan Tasi ya gwada, don ya faranta mini. "Allah sarki... mutum ne mai haƙuri..." Sai ya katse, don ya ji abin ya fito kamar da gaske.

Raina ya ɓaci. Na juya kan Mai Walda, na ce walda ta cinye masa ido, ko gini aka ce ya harba sai ya kuskure. A da, da ya wanke ni tas har da ƙari. Ya ce, "Gaskiyarka ne." Gaskiyata! Na so in doka wayar da bango.

Haka kwanaki suka yi ta tafiya. Na riƙa fita fili da gangan don a harbe ni, su kuma su rugo su uku su tashe ni, ko da za su mutu a kai. In na kashe makirfo na koma rubutu, wasa ya tsaya, kowa ya laɓe yana jirana, Nas ta rubuta, "Je ka duba shi, muna nan." Ko a tsakaninsu sun daina zolaya in ina wurin, kamar mutanen da suka zo dubiya. Na faɗa musu ƙarara. Na ce don Allah ku zage ni kamar da, ba na son tausayinku, ina da shi a gida har ya yi mini yawa. Mai Walda ya ce sun ji, ba komai, za a gyara. A muryar da ya faɗa ma akwai tausayin.

Wata rana bayan zagaye biyu na shiru-shiru, Mai Walda ya ce an kawo wuta. Ɗan Tasi ya ce layi ya zo kansa. Nas ta ce barci take ji. Na ce to, sai gobe. Ban rufe wasan ba, don ba ni da wurin zuwa. Ina zaune ina kallon allo sai saƙo ya faɗo a wurin rubutunmu, daga Ɗan Tasi:

"Ya sauka? Ku zo ɗaya ɗakin, yau ko dariya ban yi ba."

Ashe sun buɗe wata tawagar. Ya yi nufin tura wa su biyun ne, hannunsa ya kuskure. Na daɗe ina kallon saƙon. Na so in ji haushinsu, na kasa, don su ma hutun rana suka zo nema, ni kuma na zame musu wani aikin.

Na rubuta, "E, na sauka. Ku je."

Bayan ɗan lokaci sunayensu uku suka nuna suna cikin wasa, da wani na huɗu da ban sani ba.

Na cire iyafis na naɗe igiyar. Fanka tana juyawa, Baba yana jan numfashinsa mai nauyi, kuma da sauran lokaci mai tsawo kafin maganin yamma. Na zauna a bakin ƙofar ina ta fatan ya farka da wuri, ko na sami abin yi.