Fuskata a Jikin Zanin Gado

Da Autana ya ce zai yi fim da ni, na ɗauka irin wanda ake magana a ciki ne, har na ciro sarƙata ta unguwa. Ashe zama kawai zan yi in kalli kyamara. Ba kwalli, ba murmushi.

Ya ajiye ni a kujerar falo, yana canja wa fitila leda: ja, kore, shuɗi.

"Umma, kowane launi da mutumin da yake fitarwa a fuska ɗaya," in ji shi.

"To wannan koren wa ya fitar? Mai ciwon ciki?"

Na dai daure, don ina da tawa manufar. Babansu mai gyaran agogo ne. Mutumin nan yana hango ƙura a cikin agogon da bai fi ƙwandala ba, amma ni ko kai biyu na fito da shi, "sannu da aiki" zai ce ya wuce. Abin na ci mini rai, wallahi. Na ce bari mu ga ko zai kalle ni idan na cika bango.

Ranar kallo Auta ya rataye farin zanin gado, ya kunna majigi. Sai ga ni, hancina kaɗai ya kai tukunya. Ƙanwata ta yi ta dariya har da riƙe ciki.

"Yaya, a jan nan kamar an ce miki miya ta ƙone!"

Ni ba ta ita nake ba, ta gefen ido nake satar kallon Baban yara. Ya fara da hamma, ya duba agogonsa. Da shuɗin ya zo sai ya gyara tabarau, ya matso gaba yadda yake yi a teburin aikinsa.

"Wannan tabon na gefen girarki," ya ce, "yaushe kika ji ciwo?"

"Da shi ka aure ni, Malam."



"Auta, mayar da shi farko," ya ce a hankali.

Auta ya mayar. Ja ya sake cika bango. Can na juya, sai na ga Malam ba bangon yake kallo ba. Kunya ta rufe ni kamar yarinya.

"Malam, fim ɗin fa yana gabanka."

"Na sani," ya ce, bai ko juya ba.