Wainar Dankalin Inna Hajo

"Ba haka ba, Zulaiha. Matse shi sosai, sai ruwan ya fita tas."

Muryar Inna Hajo da ƙyar take fitowa, amma idonta na kan kwanon. An jawo mata katifa har bakin kicin, an jingina ta da filo. Zulaiha ta sake naɗe gurzajjen dankalin Turawa da karas a cikin farin ƙyalle, ta murɗa har yatsunta suka yi ja.

Safiyar Ƙaramar Sallah ce, da sanyi a Madina. Ƙofar Zulaiha da ta tsohuwar na kallon juna a wani tsohon bene da ke bayan titin Sultana. Inna Hajo ta zo Hajji daga Sudan tun tana da ƙarfinta, ta zauna, mijinta ya rasu, ba ta da ɗa. Duk Sallah ita ke soya wa mutanen benen wannan waina. Bana ciwo ya kwantar da ita, asibiti suka ce a mai da ta gida. Tun tsakiyar azumi ba abin da ke shiga cikinta sai ruwa. Jiya ne ta ce tana marmarin wainar, Zulaiha kuwa ta yi murna, ko Allah zai sa ta ci.

Bature, mijin Zulaiha, ya dawo daga Idi ya leƙo.

"Inna, ina kwana? Id mubarak. Yau ma abincin Yahudun ne?"

"Shi ne, ɗan nan. Ka daɗe kana ci, ban ga ya hana ka sallah ba."

Bature ya yi dariya, ya tsuguna kusa da ita. Zulaiha ta fasa ƙwai a kan dankalin, ta zuba albasa da gishiri da ɗan fulawa.

"A Umdurman na koya," in ji Inna Hajo. "Maƙwabciyarmu ce, Rahila, Bayahudiya. Da sanyi suke wani idi, su kunna kyandir a taga, su yi ta suya. Shekarar da uwata ta rasu, ita ta riƙa kiran mu ta katanga tana miƙo mana da zafinta. Daga baya suka tashi. Ban san inda ta mutu ba." Ta huta. "In na soya, ina tuna ta."

Mai ya yi zafi. Zulaiha ta ɗebo da cokali, ta sa a kasko, ta danne.

"Kar ki juya tukuna. Bari gefen ya yi ja."

Ƙamshin ya cika benen. Ta farko da ta fito, Zulaiha ta hura ta, ta gutsuro, ta kai bakin tsohuwar. Inna Hajo ta daɗe tana taunawa. Da aka miƙo na biyu ta kau da kai.

"Khalas, ya isa, 'yata. Gishiri ya yi. Ki kai wa na sama kafin ta huce."

Zulaiha ta zaga benen da faranti. Da ta dawo ta tarar da ita tana barci, ta gyara mata bargo. Ana kiran la'asar ta zo tashinta, ta taɓa hannunta ta ji ya yi sanyi, sai ta daɗe a durƙushe kafin ta iya kiran Bature.

Bayan magariba aka yi mata sallah a Masallacin Annabi, aka kai ta Baƙi'a. Mazan suka dawo, kowa ya shige ɗakinsa. Babu wanda ya ɗora tukunya a benen.

Zulaiha ta ɗumama 'yan wainar da suka rage ta ajiye a gaban mijinta. Bature ya zauna a bakin ƙofa, da ƙasar maƙabarta a ƙafarsa, ya raba ɗaya biyu ya miƙa mata rabi. Suka ci a hankali, suna kallon ƙofar Inna Hajo da ke rufe.