Kada Ka Taɓa Kuskuren Nan

Shekaru na yi ina gina manhajar lissafin ambaliya a jami'armu, na sake ta kyauta, amma ko kare bai shinshina ta ba. A aikinmu, wanda ya ari layukan manhajarka dole ya rubuta sunanka a takardar bincikensa, kuma da wannan ambaton ake auna mutum. Ni kuwa babu ko ɗaya. Shugabar sashe, Farfesa Wiersma, ta faɗa mini ba kwana-kwana: idan shekara ta ƙare a haka, za a rufe aikin, ni ma in kama gabana.

Sai ga saƙo wata Litinin, wai wata ɗaliba a birnin Gent ta ambace ni a takardarta. Ban tsaya karantawa ba. A al'adar ƙasarmu, wanda abin farin ciki ya samu shi ke ciyar da mutane, don haka na hau keke cikin ruwan sama na sayo kek ɗin tuffa, babba ma kuwa.

Muna shan kofi, Sjoerd, abokin ofishina, ya buɗe takardar a wayarsa.

"Jelle, mutumina, ka karanta abin nan kuwa?"

"Sunana na ciki ko babu?"

"Yana nan, ɓaro-ɓaro." Ya gyara murya. "Mun ari layukan Jelle Boonstra yadda suke, don nuna kuskuren da ya kamata kowa ya guje wa. Da lissafinsa, ruwa tudu yake hawa maimakon ya gangara."

Wallahi na ji kunya har cikin ƙashina. Yarinyar ko harafi ba ta ɓata a sunana ba, ladabin aro dai ta cika shi. Sjoerd ya ce in kwantar da hankalina, ƙasarmu ba tudu, ba mai ganewa.

Na kwana biyu ina neman kuskuren, na same shi: alamar ragi inda ya kamata a sa ta ƙari. Kafin in gyara, wasu ma suka fara aro suna ambato, duk don koya wa ɗalibai abin gudu.

Na je wa Farfesa da gyaran, ina sunkuyar da kai. Ta duba yawan ambaton, ta ce an ƙara mini shekara biyu.

"Amma Jelle, kada ka taɓa wannan alamar. Ita ce take ci da kai."

Na koma ofis na mayar da ragin inda yake.