Waƙar da Ke Tsayawa a Bakin Zaure

Ni dai na ce wa Muttaka, autana: duk waƙar Indiyan da ya ga dama ya rera, amma ban da ta babansa.

Yaron nan, Allah ya shirye shi, ya tasa tsofaffin waƙoƙin Indiya a gaba, irin na zamanin kaset. Sai ya rera da muryarsa, ya ɗauka a waya, wai girmama mawaƙan dā yake yi. Matan Birnin Gwari kuwa har gida suke biyo shi ya tura musu. Oho dai.

Amma guda ɗaya tawa ce. Malam Idrisu, mijina, ita yake rerawa in ya dawo daga gonarsa ta Randagi. Yana kashe babur a ƙofar gida zai fara, ni kuma in zabura in tare shi da kofin ruwa. Yana karɓa waƙa ta tsaya. Wata damina ya tafi gona, mutanen daji suka tare hanya, sai babur ɗin aka kawo mana. Ba ni da muryarsa a ko'ina sai a kunnena. Tsorona ke nan: in na ji waƙar a bakin wani, tasa ta goge.

Ran nan da la'asar ina tsince shinkafa, sai na ji waƙar Malam daga waje. Wallahi ban san lokacin da na tashi ba. Na ga kaina a bakin zaure, kofi a hannu, ruwa na zuba a zanena.

Muttaka ne zaune kan dakali, ya zaci na tafi barka maƙwabta. Yana ganina ya haɗiye waƙar, daidai inda ubansa ke tsayawa.

“Inna, ki yafe mini. Ba ɗauka nake ba, kewarsa ce ta dame ni.”

Na buɗe baki zan wanke shi tas, sai na ji Malam na nan daram a kunnena, da 'yar shaƙewar nan tasa. Muryar yaron ba ta taɓa shi ba.

“Kai, ja'iri, nan ta ƙare?”

“A'a, Inna, ko rabi ba a yi ba.”

Innalillahi! Duk zamanmu da bawan Allah nan, ashe ban taɓa barinsa ya kai ko rabi ba, saboda rawar jikin kai masa ruwa. Kuka ya zo mini, dariya ma ta zo.

Muttaka ya miƙo hannu zai karɓi kofin. Na janye shi, na zauna gefensa.

“Ba za ka sha ba,” na ce, “sai ka ƙarasa masa.”