Bayan Monowara

"Ba za su zo ba," in ji Nimatu, wadda muke wankan gawa tare, ta kife wayarta a kan benci. "Wai duk suna wurin aiki."

Aiki ranar Lahadi! Raina ya ɓaci. Sha ɗaya saura, jana'iza bayan Azahar, ga gawar maƙwabciyata Monowara kwance a ɗakin wanka na masallacinmu a unguwar Stapleton, nan ƙasar Turawa, amma cikin matan Bangladesh 'yan ƙasarta babu wadda ta yarda ta wanke ta.

Kowa ya san dalili. Ta taɓa fitowa a fim ɗaya a Dhaka, babban birninsu, lokacin da wasu masu sinima ke yanka fim su liƙa tsiraici a tsakiya don jan 'yan kallo. A nata an nuna fuskarta tana rufe ƙofa, sai ga bayan mace tsirara, sumul. Mijinta ya sake ta, ya riƙe 'yarsu Tumpa. Daga baya wani ya ɗora abin a intanet, ya biyo ta har nan.

Shekara shida muna shan shayi tare. Sau ɗaya ta ce mini, "Fusena, ba ni ba ce." Na ce to. Allah Ya yafe mini, ban yarda ba.

Tumpa, wadda yanzu ta girma, tana tsaye a bakin ƙofa, ko kwat ba ta cire ba.

"Anti, na sa hannu a takardun. Zan wuce."

"Mu biyu ba ma iya juya ta. Zo ki kama mana."

"Ba zan iya kallon jikin nan ba. Duk makarantarmu sun kalla."

"Har ke?"

Ta sunkuyar da kai.

"To, shigo," na ce, ban sassauta murya ba.

Muka juya ta a hankali, zanen ya ɗan zame. Bayanta tun daga kafaɗa har ƙugu tabon ƙuna ne, tsoho, wanda fata ta girma tare da shi. Nimatu ta yi salati.

"Tafasasshen ruwan shinkafa," Tumpa ta faɗa da ƙyar. "Tana shekara bakwai. An gaya mini, na ɗauka ɗan kaɗan ne."

Na ja zanen na rufe. Kunya ta hana ni ɗaga ido.

Tumpa ta rataye kwat ɗinta a ƙusa, ta naɗe hannun riga. Ta tsoma yatsa a bokiti, ta ji ruwan ya huce, ta ƙara na ɗumi.